Mashayi a Shagon Na-Rami

Mahaifina mai aski ne. Shagonsa ɗaki ɗaya ne a jerin shagunan bakin titi. Lokacin da ya kama shi, tun ban iya tafiya ba, daidai yake da hanya, mutum yana kan keke zai leƙo ya ga ko akwai layi. Sai aka zo gyaran titi. Aka zuba ƙasa, aka zuba tsakuwa, aka malala kwalta. Bayan wasu shekaru aka sake zuba wata a kan ta da. Titi ya yi ta tashi, shaguna suna nan inda suke, har ta kai duk mai shiga wurin Baba sai ya sauka matakala ya sunkuyar da kai. Idan kana zaune a kujerar aski, abin da kake hange ta ƙofa ƙafafun mutane ne da tayoyin mota.

Daga nan aka laƙaba masa Na-Rami, sunan ya bi shi har ya danne na gaskiyar. Bai taɓa jin haushi ba. Cewa yake yi, "Rijiya ma rami ce, amma kowa da gugansa yake zuwa gaishe ta."

Abin da bai zo da dariya ba shi ne danshi. Ruwan da ya sauka a titi ba shi da wurin zuwa sai ƙarƙashin shagunan. Bango ya fara gumi. Fenti ya kumbura, ya riƙa ɓarewa yana zubowa a kafaɗar masu jiran layi. Babban madubin da Baba yake alfahari da shi ya fara baƙi daga gefe, baƙin yana ci yana shigowa tsakiya. Almakashin da ya goge jiya, yau ya kwana da tsatsa. Kilifa ta daina yanka gashi, ta koma cizo. Tawul kuwa ko Mama ta wanke ta shanya ya bushe ƙarau, yana kwana a shagon zai tashi da wani wari mai tsami. Fatar kujerar aski ta yi fumfuna, kullum da safe Baba ya goge ta da sifirit, washegari ta dawo kamar an aiko ta.

Maƙwabta suka fara tashi. Mai gyaran agogo ne ya fara, ya ce ƙarafunansa ba za su jure ba. Mai hoto ya bi shi. Tela ya daure har wata damina, ranar da ya buɗe akwati ya tarar da yadin mutane ya yi ɗigo-ɗigon baƙi, ya kwashe kekensa ya yi gaba. Jerin ya zama ƙofofi a kulle, sai ƙofar Baba kaɗai a buɗe, rediyonsa yana kuka.

Sannan tari ya zo. Da farko na safe ne kawai. Daga baya ya zama sai Baba ya ɗaga aska daga wuyan mutum, ya juya bango ya yi tarinsa, ya dawo da jajayen idanu ya ce, "Ina muka tsaya?" Wata rana numfashinsa ya sarƙe yana tsakiyar gyara wa Direba gemu. Direba tsohon abokinsa ne, ya yi shekaru yana jan bas kafin ya ajiye, kansa sanƙo ne fes, amma kullum yana shagon. Shi ya tallabo Baba ya hau da shi titi, da kumfa a rabin fuskarsa, ya tare mota zuwa asibiti.

Likita bai ɓoye mana komai ba. Ya ce ƙirjin Baba ya gaji, kuma ɗakin da yake wuni a ciki shi ne yake ƙara masa. Ya rubuta magani da abin shaƙa, ya ce a raba shi da wurin.

Yayana, wanda shi ne babba kuma shi ya gaji taurin kan Baba kaf, ya zo da maganarsa a shirye. Ya ce ya samo shago a wani sabon bene, hawa na sama, ga iska ga haske. In kuma Baba ba ya so, ya zauna a gida ya huta, ai ya yi mai wuyar.

Baba yana kwance a gadon asibiti, da robar ƙarin ruwa a hannu, ya dube shi ya ce, "Direba zai iya hawa bene da gwiwarsa? Malamin makaranta da sandarsa fa? Mutanena duk sun tsufa tare da ni. Sauka suke iyawa, hawa sai an ja su."

"Baba, lafiyarka ake magana, ba gwiwar Direba ba."

"Ni na je na sami titi, ko titi ne ya taso ya same ni? Wanda ya zo daga baya shi zai tashi."

"Titi ba ya tashi, Baba."

"To mun zama biyu."

Da aka sallame shi, Mama ta ɓoye makullin shagon a cikin tukunyar da ba a girki da ita. Baba bai tambaye ta ba, bai yi faɗa ba. Ya karya kumallo, ya sa hula, ya biya ta wurin mai walda ya ari guduma. Kafin labari ya iso gida ya fasa kwaɗon, ya share shago, yana yi wa wani aski, da alamar allura a bayan hannunsa.

Ni a ma'ajiyar magunguna nake aiki. A can muna da wasu injina masu kama da ƙaramin firji, aikinsu su ja iskar ɗaki, su tatse ruwan da ke cikinta su tara a wani bokiti da ke ƙasansu, su mayar da iskar a bushe, don kada kwalayen magani su lalace. Da na ga Baba ba zai fito daga ramin ba, na ce to bari a fitar da ruwan. Na nemo irinsa na gida, na sa aka sauko mini da shi har cikin shagon.

Baba ya zagaya shi, ya ƙwanƙwasa shi da bayan mataji. Uwata yake kirana, don sunan mahaifiyarsa gare ni.

"Uwata, wannan firji ne ko akwatin rediyo?"

"Injin shan danshi ne, Baba."

"Danshin da ya fi ƙarfin siminti, shi wannan roba zai sha? Mayar musu da kayansu."

Na ce ya ba ni wuni ɗaya, in bai ga komai ba ni da kaina zan fitar da shi. Ranar hutunsa ce. Na ja injin nesa da bango kaɗan don ya sami wurin numfashi, na rufe taga da ƙofa, na kunna, muka tafi gida. Da la'asar muka dawo. Injin ya kashe kansa, wata 'yar fitila tana ƙiftawa. Na zaro bokitin, cike taf da ruwa garau.

Baba ya daɗe yana kallon ruwan. Ya duba rufi ko yoyo ne, ya duba bayan injin ko na haɗa masa famfo a ɓoye. Sannan ya sa hannu a ƙirjinsa.

"Duk wannan a iska yake? Shi nake haɗiya?"

"Shi ne, Baba."

Bai ce na yi gaskiya ba, Baba ba ya faɗin haka. Ya dai shafa kan injin ya ce, "Kai, wannan mashayi ne." Sunan ke nan har yau. Mashayi.

Rigima ta farko a kan ƙofa aka yi ta. Injin ba ya amfani sai ɗaki yana rufe, shi kuwa mai aski ƙofarsa ce tallarsa. Da Baba ya rufe, mutane suka riƙa wucewa suna cewa Na-Rami ma ya tashi. Waɗanda suka shiga kuma suka ce ɗakin ya yi zafi, don iskar da Mashayi yake hurowa da ɗumi take fita, ga gurnaninsa yana cinye hira. Direba ya ce shi gulma yake zuwa ji, ba kukan inji ba.

Sai Baba ya wangale ƙofa, ya bar injin yana yi. Bokiti ya riƙa cika kamar an buɗe famfo, bango kuwa yana nan jiƙe. Ya kira ni a waya yana faɗa, wai abin nan ci yake yi ba ya ƙoshi.

Na ce, "Baba, ƙofa a buɗe take?"

Ya ce a buɗe take mana.

"To ai iskar gari gaba ɗaya ka ba shi. So kake ya shanye damina shi kaɗai?"

Ya kashe wayar. Na ɗauka zai zaɓi ɗaya, ko ƙofa ko inji. Bai zaɓa ba. Ya kira kafinta ya yanke rabin ƙofar na sama aka sa gilashi, aka liƙa roba a ƙasanta don kada iska ta kutsa. Ya ɗauko bencin jira ya hau da shi bakin titi, ya kafa laima. Majalisa ta koma sama. Can ake hira, can ake musu, can rediyo yake. Wanda layi ya zo kansa kaɗai yake bin Baba ƙasa, kuma kafin ya zauna zai ji tsawa: "Ja ƙofa!" Har manyan mutane masu furfura sun sha wannan tsawar. Wani ya taɓa cewa shi fa ba yaro ba ne. Baba ya ce, "Danshi bai san babba ba. Ja ƙofa."

Ruwan bokitin ma sai da aka yi ta kansa. Baba ya ga ruwa garau, ya ce asara ce a zubar, zai riƙa wanke wa mutane fuska da shi bayan aski. Na ce sam, ruwan da ya bi ta cikin ƙarfe da ƙurar ɗaki ya kwana a roba, ba na sha ba ne, ba na fuskar da aska ta bi ba ne. Ya ce to zai riƙa goge ƙasa da shi. Ya yi ta yi kuwa, sai da Mama ta kawo masa abinci wata rana ta tarar da shi yana malale daɓen da ruwan.

Ta ajiye kwano ta riƙe haɓa. "Malam, ka biya wuta an fitar maka da ruwa ta taga, kai kuma ka dawo da shi ta ƙofa?"

Direba da ke sama ya ji, ya yi dariya har hularsa ta faɗi. Tun daga ranar Baba ya canja. Da fitilar ta ƙifta zai zaro bokitin, ya hau matakala a hankali, ya tsaya a bakin kwalta ya sheƙa ruwan a kwata, ya ce wa titin, "Ga kayanka." Na so in sa masa tiyo ruwan ya riƙa fita da kansa, amma shagon ya fi kwatar zurfi, ruwa kuma ba ya hawa tudu. Dole sai an ɗauka.

Wata ya zagayo, bangon ya fara haske daga sama yana saukowa. Tawul ya daina wari. Almakashi ya kwana ya tashi yana ƙyalli. Tarin bai tafi ba, amma ya rage zuwa na safe, kuma abin shaƙar ya daɗe a aljihun Baba bai fito ba.

Sai Mashayi ya fara ciwo. Gurnaninsa ya koma nishi, jikinsa ya yi zafi, bokiti ya wuni bai kai rabi ba. Ranar da na kawo shi na nuna wa Baba ragar da ke bayansa, na ce a riƙa cire ta ana wankewa, amma a lokacin hankalinsa yana kan yadda zai kore mu ni da injin. Yanzu kuma girman kai ya hana shi kirana. Ya ɗauka mura ce irin ta inji, ya lulluɓe shi da tawul, abin ya ƙara lalacewa, har wani ƙauri ya fara tashi.

A ranar Yaya ya biyo. Ya shaƙi ƙaurin ya ce, "Ka gani ko, Baba? Shi ma injin ya gaji da ramin nan. Sai ya kama da wuta tukuna?"

Baba ya zare waya daga soket, ya yaye tawul, ya juya injin, ya yi ta lalube har ragar ta zamo a hannunsa. Ba a ganin raga. Gashi ne ya yi kirtani a kanta, baƙi da fari, haɗe da hodar aski, ya dunƙule kamar tabarma. Gashin duk wanda ya zauna a kujerar nan tun zuwan injin yana wurin. Baba ya ɓare shi a dunƙule ɗaya, ya hau sama da shi, ya ɗora a kan sanƙon Direba.

"Ga abin da ka daɗe kana roƙo. Allah ya amsa."

Majalisa ta watse da dariya, har Yaya sai da ya juya baya don kada a ga haƙoransa.

Daga nan Baba ya ɗauki kula da Mashayi kamar yadda yake kula da askarsa. Ya sa aka yi masa ɗan teburi a kusurwar da ta fi nisa da kujera, don ya tashi daga ƙasa inda gashi yake taruwa. Ba ya shara sai ya kashe shi. Ragar kuwa, ni na ce masa lokaci-lokaci, shi ya mayar da ita kullum: ya kakkaɓe da burushin wuya, ranar hutu ya wanke da ruwa da ɗan sabulu, ya jingine ta a rana, ba ya mayarwa sai ta bushe sarai. Bokitin ma yana wanke shi don kada ya yi santsi. Idan aka ɗauke wuta aka dawo da ita, ba ya barin kowa ya kunna nan take, sai ya ce a bar shi ya huce, mashayi ba a tashinsa da gaggawa. Da rani idan iska ta bushe, ya wanke shi tas, ya shanya, ya rufe shi da zane, ya buɗe ƙofarsa kamar da.

Damina ta biyu ce ta zo da babbar jarrabawa. Da hantsi aka tsuge da ruwa kamar da bakin ƙwarya. Shara ta toshe kwata, ruwan titi ya rasa hanya, ya juyo matakalar Baba. Direba ne ya kira ni. Kafin in iso ruwa ya ɗauke, mutane sun taru a sama suna leƙe.

Baba yana tsaye a tsakiyar shago, ruwan laka har gwiwarsa, takalmansa suna yawo a kai. Ya riga ya kashe wutar shagon daga babban makunni. Mashayi kuwa yana zaune a kan kujerar aski, Baba ya taka fedar kujerar ya ɗaga ta har ƙarshe, ya ɗaura masa mayafin aski a wuya kamar mai jiran gyaran fuska. Ko ɗigo bai taɓa shi ba. Rediyo da kwalin tawul da tabarmar sallarsa duk sun nutse.

"Baba, fito!"

"Miƙo mini bokiti, Uwata. Tsayuwa ba ta kwashe ruwa."

Yaya ya iso a fusace. A gaban jama'a ya ce wannan ba jarumta ba ce, ganganci ne, mutum mai ciwon ƙirji a cikin ruwan kwata saboda roba da waya. Ya ce wallahi shi ya cire hannunsa. Baba ya ɗago bokiti cike da laka ya miƙa masa sama.

"Kafin ka cire, karɓi wannan."

Yaya bai karɓa ba. Ya juya ya tafi. Mu muka kwashe, ni da Mama da Direba da wasu masu wucewa. A daren Baba ya yi zazzaɓi, tarin ya dawo da ƙarfinsa, muka koma asibiti aka ƙara masa magani, likita ya maimaita maganarsa ta farko, Baba ya ce ya ji.

Yana samun sauƙi ya koma. Mai gyaran wuta ya duba wayoyi ya ce a jira su bushe. Da suka bushe, Baba ya kunna Mashayi, ya rufe shagon ya bar shi da aikinsa, shi kuma ya fito da kujera da ƙaramin madubi bakin titi, yana aski a ƙarƙashin laima, motoci suna wucewa ta bayansa. Bokiti yana cika yana zubarwa, yana cika yana zubarwa. Daɓen ya daɗe kafin ya saki ruwan da ya sha.

Ana cikin haka wata safiya Yaya ya zo da buhun siminti da bulo a bayan mota, da magini. Bai gaishe da majalisa da fara'a ba, bai ce wa Baba komai ba bayan ina kwana. Ya nuna wa magini bakin matakala, aka ja ɗan gini mai tsayin taƙi, yadda ruwan titi zai bi gefe. Shi da kansa ya naɗe hannun riga ya sa shebur ya yashe kwatar tun daga kan kwana. Baba yana aski yana satar kallonsa ta madubi.

Da aka koma ciki, bayan an sake fenti, Yaya ya zo duba ginin ko ya tsage. Baba ya kalli sumar Yaya ya tsuke baki.

"Wa yake yi maka wannan aika-aikar? Zauna."

"Baba, sauri nake yi."

"Ja ƙofa ka zauna."

Ya zauna. Ina gefe ina ninke tawul. Baba ya ɗaura masa mayafi, ya kunna kilifa, ya fara daga dama. Yaya ya ce har yanzu shi bai canja magana ba, shagon sama ya fi. Baba ya ce ya sunkuyar da kai. Yaya ya ce shekaru suna tafiya, gwiwa ba za ta yi ta ɗaukar bokiti ba har abada. Baba ya ce wannan gaskiya ne, kada ya motsa kunne.

An kwashe rabin kan, ɗaya rabin yana nan cunkus, sai fitilar Mashayi ta fara ƙiftawa. Baba ya kashe kilifa, ya zaro bokitin, ya ɗora a cinyar Yaya.

"Tunda gwiwata kake tausayi, hau da shi."

"A haka? Baba, ka ƙarasa mini tukuna."

"Ba ya jira. In ya cika, tsayawa yake yi."

Yaya ya dube ni, na dubi tawul. Ya tashi da mayafi a wuya, rabin kai fari rabin baƙi, ya rungumi bokiti ya hau matakala. Muna ƙasa muka ji ihun majalisa, muryar Direba ta fi ta kowa, yana rantsuwa cewa sabon yayi ya shigo gari. Baba ya hure gashin da ke bakin kilifa, ya ɗiga mata mai, ya leƙa ta gilashi ya ɗaga murya:

"A kwata za ka zuba, ba a kan ginin ba! Kuma in ka dawo ka ja ƙofa."